Shin sunan Ladi daga Turanci ya fito? Tambaya kan asalin sunaye da kamannin lafazi

Malamar Firamare, Funtuwa:

Assalamu alaikum. Ina roƙon malamai da masu nazarin harshe su taimaka mini da bayani a kan wata magana da ta daɗe tana yawo a wayoyin mutane, wadda yanzu ta fara shiga bakin yaran da nake koyarwa. Maganar ita ce, wai sunaye da dama da muke ɗauka namu ne na gado, daga Turanci muka aro su a zamanin mulkin mallaka. Ana cewa Ladi daga kalmar lady ta fito, wato mace mai daraja, Sani kuma daga sunny, wato yini mai hasken rana, har ma da masu cewa Ɗan da ke farkon Ɗanladi da Ɗanjuma shi ne Dan da Turawa ke raɗa wa 'ya'yansu. Wasu kuma suna juya zancen, su ce ai Turawan ne suka kwasa daga wurinmu, suna kafa hujja da cewa Mary ita ce Maryamu, Joseph kuma shi ne Yusufu.

Abin da ya dame ni shi ne wasu misalan suna da ƙamshin gaskiya, wasu kuwa zuciyata ba ta kwanta da su ba, amma ba ni da ma'aunin da zan rarrabe su. Ta yaya mutum zai gane sunayen da suka haɗa asali da gaske, ya bambanta su da waɗanda lafazi kawai ya haɗa? Haka kuma sunayen iyali na Turawa da muke ji a wasan ƙwallo da labaran duniya, irin su Rice da Walker da Price, shin ma'anarsu ita ce ma'anar da za a tarar a ƙamus? Mu kuma Hausawa, muna da sunan iyali tun asali, ko takardun makaranta ne suka ɗora mana shi? Ba na son in ba yara amsar da ba ta da tushe, domin abin da yaro ya ji daga bakin malaminsa a aji uku yakan riƙe shi har ya girma.

Tsohon Malamin Hausa, Zariya:

Wa alaikumus salam, Malama. Allah ya saka miki da alheri da kika ƙi yarda ki koyar da abin da ba ki tantance ba. Zan ɗauki tambayarki ta farko, in bar sauran ga waɗanda suka fi ni sanin tarihin Ingila.

Kamannin lafazi shi kaɗai ba ya zama hujja a ilimin asalin kalmomi, saboda sautukan da bakin ɗan Adam ke furtawa ba su da yawa, kalmomin kowane harshe kuwa dubbai ne, don haka dole a sami gajerun kalmomi da za su yi karo da juna tsakanin kowane harsuna biyu da aka ɗauka. Mai bincike yakan tambayi abu fiye da ɗaya kafin ya yanke hukunci: yaushe sunan ya fara bayyana, ta wace hanya zai iya bi ya iso, kuma shin ya bi ƙa'idar da harshen ke bi idan ya ari kalma?

Mu gwada Ladi da wannan ma'auni na ƙarshe. Hausa ta ari kalmomin Turanci masu wasali irin na lady da yawa, kuma kusan duk ta mayar da wasalin zuwa e. Daga nan muka sami tela da tebur da lebura da reza da rediyo da fenti. Da a ce Hausawa sun ari lady, da Ledi za su ce, ba Ladi ba. Sannan Ladi ba ita kaɗai take tafiya ba, tana da 'yan'uwa a jere: Altine ko Tani ga wadda aka haifa ran Litinin, Talatu ran Talata, Laraba ko Balaraba ran Laraba, Lami ran Alhamis, Jummai ran Juma'a, Asabe ran Asabar. Wanda ya ce Ladi daga Turanci take, sai ya gaya mana kalmar Turancin da ta haifi Talatu da Jummai. Ladi daga Lahadi take, Lahadi kuwa daga Larabci, al-ahad, rana ta ɗaya a mako. Ita lady a nata ɓangaren, asalinta a tsohon Ingilishi haɗin kalmomi biyu ne da ke nufin mai kwaɓa burodi, wato uwargidan da ke ciyar da gida, kamar yadda lord ke nufin mai tsaron burodi. Hanyoyin biyu ba su taɓa gamuwa ba ko sau ɗaya.

Batun Sani ya ɗan fi wuya idan lafazi kaɗai za a duba, domin da an ari sunny, mai yiwuwa da haka ɗin za ta fito a bakinmu. Amma shi ma jerinsa ne ke ba da shaida. A gidan da uba ya raɗa wa 'ya'yansa maza Muhammadu ɗaya bayan ɗaya, ana rarrabe su da ƙidayar Larabci: Awwalu ko Lawal, Sani, Salisu, Rabi'u, Hamisu, Sadisu, Sabi'u, Saminu, Tasi'u, Ashiru. Sani shi ne na biyu, ba shi da wata alaƙa da rana ko haskenta. Wani abu da nake so ki nuna wa ɗalibanki shi ne, Sani da Litinin saiwarsu ɗaya a Larabci, haka Salisu da Talata, haka Rabi'u da Laraba, haka Hamisu da Alhamis. Ke nan Lami da Hamisu 'yan gida ɗaya ne, duk da kunne ba zai ce haka ba. Asabe kuma ta fi ba da mamaki, domin Asabar daga as-sabt take, wadda ta haɗa asali da kalmar Ibrananci da ta ba Turawa Sabbath. Ga shi a cikin sunayen ranaku bakwai, wadda take da dangi na gaske a Turanci ba ita ce mutane ke nunawa ba.

Ɗan kuwa kalmar Hausa ce tsantsa, ɗa da ɗafin mallaka, kuma harafinta ɗ mai ƙugiya ne, wanda babu shi a Turanci. Dan na Turawa gajarcen Daniel ne, sunan Ibrananci mai nufin Allah ne alƙalina. Abin da ya sa suka yi kama a ido shi ne takardun hukuma da na banki da ke zubar da ƙugiyar.

Ma'aunin lokaci shi ma yana yanke gardama da wuri. Na taɓa jin masu danganta Bello da bello ta Italiyanci, mai nufin kyakkyawa. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya yi mulki daga 1817 zuwa 1837, Turawan Ingila kuwa sai a 1903 suka ci Kano da Sakkwato. Sunan daga Fulatanci yake, ballo, mataimaki.

Sai waɗanda suka haɗa asali da gaske. Maryamu da Mary, Yusufu da Joseph, Dauda da David, Haruna da Aaron, Ibrahim da Abraham, Yunusa da Jonah, Ayuba da Job, duk suna ɗaya ne. Sai dai kuskure ne a ce wani ya sata daga wani. Mu ta Larabcin Alƙur'ani suka iso mana, su kuma ta Ibrananci zuwa Girkanci zuwa Latin, ta hanyar Littafi Mai Tsarki. Kamar 'yan'uwa ne da suka tashi daga gari ɗaya, wani ya bi ayarin arewa, wani ya bi na kudu, suka sake gamuwa a wata kasuwa bayan shekaru masu yawa, kowa da irin harshen da ya ɗauko a hanya. Wani lokaci tafiyar takan sauya kamanni ƙwarai: James da Yakubu suna ɗaya ne, domin Iacobus na Latin ya rikiɗe zuwa Iacomus kafin ya ratsa Faransanci ya shiga Ingila. Shi kuma Job, sunan Annabi Ayuba, ba shi da haɗi da kalmar job mai nufin aiki, rubutu kawai ya haɗa su, ko furucinsu ma ya bambanta.

Ɗalibin Tarihi, Kano:

Malama, na gaishe ki, na kuma gaishe da Baba Malam, wanda bayaninsa ya share mini hanya. Zan yi magana a kan sunayen iyali na Ingila, domin tarihinsu a rubuce yake, kuma yana taimaka mana mu fahimci abin da ke faruwa da namu sunayen a yau.

Kafin Normawa, mutanen arewacin Faransa, su ci Ingila a 1066, yawancin mutanen ƙasar suna ɗaya kowa yake da shi. Bayan haka sunayen yanka suka taƙaita ƙwarai, har ya zama a ƙauye guda maza da yawa John ne ko William ko Richard ko Robert ko Thomas. Mai karɓar haraji da magatakardan kotu suna bukatar sanin wane John ake nufi, sai aka riƙa ƙara wa mutum laƙabi daga sana'arsa, ko sunan ubansa, ko wurin zamansa, ko siffar jikinsa. Da farko laƙabin na mutum ɗaya ne, yana mutuwa tare da shi. A hankali ya fara wucewa ga 'ya'ya, manyan masu filaye suka fara, talakawa suka biyo baya, kuma zuwa wajen 1400 yawancin iyalan Ingila suna da sunan gado. Masu bincike suna dogara sosai da jerin sunayen harajin kai na 1377 da 1379 da 1381, da kuma rajistar majami'u da aka wajabta ajiyewa tun 1538.

Sunayen sana'a su ne Bahaushe zai fi saurin ganewa. Smith, wanda ya fi kowane suna yawa a Ingila da Amurka, maƙeri ne. Dyer marini ne, Webb da Weaver masaƙa, Tanner majemi, Barber wanzami, Thatcher mai jinkar ɗaki. Taylor da Carpenter ma ba sai an fassara ba, tun da daga kalmomin nan muka sami tela da kafinta. Amma a nan ne tarkon ƙamus yake. Walker ba mai yawo da ƙafa ba ne. Sana'a ce ta masu tattaka sabon ƙyallen ulu a cikin ruwa domin ya yi kauri ya tsaftata, aikin da ya yi kusa da na masu bugu da ke karɓar yadi daga hannun marina su daidaita shi. Ma'aikacin nan a arewacin Ingila Walker ake ce masa, a kudu maso gabas Fuller, a kudu maso yamma Tucker, har ana iya hasashen yankin da kakannin mutum suka fito daga wanda yake ɗauke da shi cikin ukun.

Rice da Price da kika ambata su ne suka fi nuna haɗarin dogara da ƙamus. Ba shinkafa ba ce, ba kuma farashi ba. Mafi yawan masu sunan Rice daga sunan yanka na mutanen Wales suka gaje shi, wato Rhys. Su mutanen Wales sun daɗe suna kiran mutum da sunan ubansa kamar yadda muke yi, suna sa ap tsakani, wadda ke nufin ɗan. Da aka matsa musu su bi tsarin Ingila, sai ap Rhys ya dunƙule ya zama Price, ap Hywel ya zama Powell, ab Owen ya zama Bowen. Haka Mac na mutanen Sikotilan da Ailan ɗa yake nufi, O' kuma jika, Fitz kuwa daga kalmar Faransanci ta ɗa. Johnson da Jones duk ɗan John ne, Adams ɗan Adamu, Davies ɗan Dauda. Washington ma ba ruwansa da wanki, sunan wani gari ne a arewa maso gabashin Ingila inda kakannin shugaban Amurka na farko suka zauna. Newton kuwa fassararsa kai tsaye Sabon Gari.

Akwai waɗanda ma'anarsu ta ƙamus ce da gaske, amma sai an yi hattara da fassarar. Masu suna King ko Bishop ko Pope ba jikokin sarki ko shugaban majami'a ba ne. Galibi laƙabi ne da aka yi wa wanda ke yi wa mai muƙamin hidima, ko mai taƙama irin tasa, ko wanda ya taka rawarsa a wasan biki. Long da Short da Reid su ne Dogo da Gajere da Jatau namu. A nan ma'ana ce ta zo ɗaya ba tare da aro ba, domin ko'ina a duniya mutane da abin da ido ya gani suke yi wa juna laƙabi.

Ra'ayina, wanda na tsaya a kansa, shi ne mu yanzu muna tsakiyar matakin da Ingila ta ratsa tsakanin 1200 da 1400, kuma dalilin iri ɗaya ne, wato rajista da haraji da takardar shaida.

Malamar Firamare, Funtuwa:

Na gode ƙwarai, Baba Malam, na gode ɗan'uwa. Misalin tela da tebur da lebura zai yi mini amfani a aji, domin yara za su iya gwada shi da bakinsu. Amma ina neman ƙarin bayani a kan jimlar ƙarshe ta Ɗalibin Tarihi. Idan muna kan hanyar da Ingila ta bi, me muke da shi kafin nan? Ina tambaya ne saboda duk shekara idan muka zo cike takardun jarrabawar yara, gurbin sunan iyali shi ne ke jawo mana rikici. Wani uban ya ce a sa sunansa, wani ya ce na kakan yaro, wani ya ce sunan garinsu, har a sami 'yan ɗaki ɗaya da sunayen ƙarshe daban-daban.

Ɗan Maraɗi:

Malama, sannu da ƙoƙari. Rikicin da kike gani ba na iyayen yaran ba ne, gurbin ne aka yanka shi da awon wasu mutane. Bahaushe na da sunan yanka, wanda ake raɗa masa ran bakwai ga haihuwa, yana da sunan rana ko na yanayin haihuwa, irin su Tanko ga namijin da ya biyo mata, Kande ga macen da ta biyo maza, Gambo ga mai bin tagwaye, Auta ga na ƙarshe. Yana da laƙabin da ke bin sunan yankan, kamar Garba ga Abubakar, Shehu ga Usmanu, Maitama ga Yusufu. Akwai kuma sunan alkunya: yaron da ya ci sunan kakansa, uwarsa ba za ta iya furta sunan surukinta ba, sai ta ce Abba ko Baba ko Babangida. Idan ana son a san ko ɗan wane ne, sai a ambaci ubansa ko gidansu ko unguwarsu. Babu ɗaya daga cikin waɗannan da aka tsara domin ya bi zuriya har abada.

Makarantar boko ce ta fara kafa suna na biyu a kan takarda. A Kwalejin Katsina, wadda aka buɗe a farkon shekarun 1920, da makarantun midil na larduna, an riƙa rarrabe ɗalibai da sunan garuruwansu, kuma hakan ya dace da kunyar da ke hana yaro kiran sunan mahaifinsa a bainar jama'a. Shi ya sa muke da Abubakar Tafawa Ɓalewa da Aminu Kano da Shehu Shagari da Sa'adu Zungur da Isa Kaita. Sardauna kansa da Ahmadu Raɓa aka san shi a makaranta. Wannan daidai yake da yadda Lincoln da Washington suka zama sunayen mutane a Ingila. Wasu gidajen kuma sarauta ko muƙami ne ya zama musu suna, irin su Waziri da Alƙali da Liman da Ladan, waɗanda Larabci ne asalinsu, da Galadima da Ciroma da Yarima, waɗanda daga Barno suka zo. Waziri ma ta haɗa tushe da vizier ta Turanci, Alƙali kuma da alcalde, wadda Sifaniyawa ke kiran magajin gari da ita har yau.

Sunayen da suka zama na gado sosai ana iya ganinsu a manyan gidaje. 'Yar'aduwa sunan unguwa ne a Katsina, amma Musa ya ɗauke shi, 'ya'yansa Shehu da Umaru suka gaje shi. Alhassan Ɗantata, wanda ya rasu a 1955, laƙabinsa na kansa ne tun farko, yau kuwa jikoki da tattaɓa kunne ke amsa shi.

A wajenmu Nijar tsarin da aka fi bi shi ne sunan mutum sai na ubansa, kuma rubutun Faransanci ya ƙara nasa ruɗanin. Issoufou shi ne Yusufu, Ousmane shi ne Usmanu, Aboubacar shi ne Abubakar. 'Yan'uwa biyu, ɗaya a Maraɗi ɗaya a Jibiya, takardunsu za su nuna kamar ba su haɗa komai ba.

Inda na saɓa wa Ɗalibin Tarihi shi ne, ban yarda dole ne mu ƙare inda Ingila ta ƙare ba. Turkiyya da doka ta ɗora wa mutanenta sunan iyali a 1934, amma mutanen Aisilan har gobe da sunan uba suke amfani, kowane ƙarni yana sauyawa, kuma ƙasarsu tana da fasfo da banki da haraji kamar kowace. Mu kuma muna da dalili na addini, domin aya ta 5 a Suratul Ahzabi ta yi umarni a kira mutane da sunan iyayensu maza. Wannan ne ma ya sa malamai da yawa ba sa goyon bayan matar aure ta ajiye sunan mahaifinta ta ɗauki na mijinta, al'adar da ba mu gada ba. Shawarata gare ki, Malama, ita ce ki roƙi kowane uba ya zaɓi tsari ɗaya ga dukan 'ya'yansa tun daga takardar haihuwa, kada a sauya shi a firamare ko sakandare, domin gyaran suna bayan an buga shi a takardar jarrabawa wahala ce babba.

Ɗan Zango, Kumasi:

Gaisuwa ga malamai baki ɗaya. Ina so in ƙara wani ɓangare da ba a taɓo ba, wato sunayen Afirka ta Yamma da suka tsallaka teku tare da bayi, suka shiga Turanci da gaske. Maƙwabtanmu Asante su ma suna da sunayen rana kamar namu. Kofi shi ne namijin da aka haifa ran Juma'a, wato Ɗanjuma, kuma marigayi Kofi Annan ran Juma'a aka haife shi a 1938. A Jamaika da Amurka, Kofi ya koma Cuffee, Kwasi ya koma Quashee, Kojo ya koma Cudjoe. Paul Cuffe, baƙin Ba'amurke mai jiragen ruwa da ya rasu a 1817, sunan mahaifinsa Kofi ya ɗauka ya mayar sunan iyali, ya ajiye na ubangidan da ya mallaki uban. Mai jin sunan zai iya zaton coffee ne abin sha, alhali ita wannan kalma daga Larabci ta samo asali, inda mu ma muka sami gahawa. Kofin shan ruwa na Hausa kuma daga cup yake. Abu uku ke nan masu lafazi kusan ɗaya, kowanne da tasa hanyar.

Yawancin bayin ba su sami damar da Cuffe ya samu ba, sunan iyayengijinsu ya bi zuriyarsu. Wannan ne ya sa Malcolm Little ya jefar da nasa ya sa X a madadinsa, Cassius Clay kuma ya koma Muhammad Ali a 1964.

Wanda ya fi taɓa mini zuciya shi ne Sambo. A wurinmu suna ne mai mutunci, na ɗa namiji na biyu a al'adar Fulani. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo yana da ɗa Muhammadu Sambo, Malam Sambo ɗan Ashafa ne ya kafa Gusau, kuma Namadi Sambo ya riƙe muƙamin mataimakin shugaban Nijeriya daga 2010 zuwa 2015. A Amurka da Ingila kuwa kalmar ta zama ta cin mutuncin baƙar fata. Masana sun rabu a kan tushenta: wasu suna ganin sunan nan namu ne bayi suka tafi da shi aka wulaƙanta shi, wasu suna danganta ta da zambo ta Sifaniyanci, wadda ake kiran ruwa biyu tsakanin baƙar fata da 'yan asalin nahiyar Amurka da ita. Duk wanda ke ɗauke da sunan kuma zai yi tafiya can, ya kamata ya san wannan tarihi, ba domin ya ɓoye sunansa ba, sai domin ya iya yi wa mai tambaya bayanin abin da yake nufi a gida.

Tsohon Malamin Hausa, Zariya:

Madalla da wannan ƙari daga Kumasi da Maraɗi. Akwai rukuni ɗaya da ya rage, Malama, kuma mai yiwuwa kina da masu irin sunayen a ajinki. Hausawa Kirista da sauran Kiristocin arewa suna amfani da Bulus da Bitrus da Yohanna da Istifanus da Irmiya, ba Paul da Peter da John da Stephen da Jeremiah ba. Waɗannan siffofi sun bi tsarin Larabcin Kiristocin gabas, kuma da yake Larabci ba shi da harafin p, sai b ta maye gurbinsa a Bulus da Bitrus. Cikakkiyar fassarar Littafi Mai Tsarki da Hausa ta fito a 1932, ita ce ta ƙara kafa su. Bitrus daga kalmar Girkanci ta dutse yake, kuma daga wannan saiwar aka gina petroleum, man dutse, wadda ta zama fetur a bakinmu.

Game da John, a kiyaye wajen koya wa yara. Yohanna ne ya yi daidai da shi a asalin kalma, daga Yohanan na Ibrananci, mai nufin Allah ya yi alheri. Yahaya kuwa shi ne sunan da Alƙur'ani ya kira ɗan Annabi Zakariya da shi, mutumin da Kirista ke kira John mai baftisma. Mutumin ɗaya ne, amma malaman lugga sun yi saɓani a kan ko siffar Yahaya daga Yohanan ta fito ko daga saiwar Larabci ta rayuwa, don haka ya fi kyau a ce wa yara sunaye biyu ne na mutum ɗaya, a bar su daban da Yusufu da Joseph, inda kalmar kanta ɗaya ce.